Tambaya a kan Daniel Lopatin: yaya mai kiɗan na'ura ya koma yi wa fina-finai kiɗa?

Mai Fiyano ya rubuta:

Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Sana'ata haɗa kiɗa ce da fiyano da kwamfuta, kuma mafi yawan aikin da nake samu na mawaƙa ne, waɗanda suke zuwa da baitocinsu a rubuce su ce in ɗora musu sauti. Kwanakin baya na kalli fim ɗin Uncut Gems na shekarar 2019, wanda Adam Sandler ya fito a cikinsa a matsayin dillalin duwatsu masu daraja a birnin New York, sai na ga kiɗan ya fi labarin ɗauke mini hankali. Da na bi sunayen da ake jerawa a ƙarshe, na ga Daniel Lopatin ne ya yi kiɗan, bayan ɗan bincike kuma na gane cewa shi ne mutumin da ya daɗe yana fitar da kiɗan na'ura da sunan Oneohtrix Point Never, tun lokacin da 'yan tsiraru ne kawai suka san da zamansa.

Tambayata kashi biyu ce. Na farko, wace hanya mutum irin wannan ya bi har daraktoci suka damƙa masa fim sukutum, alhali bai fito daga makarantun da ake horar da masu rubuta wa babbar ƙungiyar makaɗa kiɗa ba? Na biyu, wanda shi ne ya fi damuna, shin mutumin da ya saba aiki shi kaɗai, babu mai ce masa ƙara ko rage, bai yi asarar 'yancinsa ba da ya shiga ƙarƙashin darakta? Ina tambaya ne domin ni ma zuciyata tana karkata ga wannan aiki, kuma ina so in san abin da ake samu da abin da ake rasawa kafin in sa ƙafa.

Tsohon Ma'aikacin Rediyo ya amsa:

Wa alaikumus salam, Malam Mai Fiyano. Zan ɗauki kashin farko na tambayarka, domin na daɗe ina bin aikin wannan mutum, kuma a ganina wanda ya fara saninsa daga fim ya same shi ne a tsakiyar tafiya.

An haifi Lopatin a shekarar 1982 a jihar Massachusetts ta Amurka, iyayensa kuwa Yahudawa ne da suka yi hijira daga Tarayyar Sobiyet, dukansu biyu masu alaƙa da kiɗa. Kayan aikin da ya kafa sunansa da shi gadon gida ne, wato sintesaizar mahaifinsa, na'urar kiɗa mai maɓallai irin na fiyano da ke ƙirƙiro sauti da lantarki, ƙirar Roland Juno-60, wadda aka fara ƙerawa a shekarar da aka haife shi. Tunda kai ma'abocin fiyano ne, za ka gane muhimmancin abu ɗaya da ke jikinta. Tana da wani sashe wanda idan ka danne maɓallai uku ko huɗu ka riƙe, na'urar za ta riƙa buga su ɗaya bayan ɗaya, tana hawa tana sauka, tana maimaitawa ba tare da ta gaji ba, kai kuma hannunka ɗaya yana kan maɓallan, ɗayan yana murza abin da ke buɗe sautin ko ya dushe shi. Sautin da ke zagayawa a wuri ɗaya amma launinsa yana sauyawa a hankali shi ne ginshiƙin kundayensa na farko, irin su Betrayed in the Octagon na 2007, da waɗanda ya tattara a Rifts a 2009. Duk ƙananan kamfanoni ne suka fitar da su, wasu ma a kaset ko a faifan da aka buga kofe ƙalilan, kuma mujallar The Wire ta Birtaniya tana cikin waɗanda suka fara ɗaga darajar Rifts.

Bai tsaya a nan ba. Ya yi karatun adana kayan tarihi da kula da ɗakin karatu a Pratt Institute da ke Brooklyn, kuma ana jin tasirin wannan karatu a aikinsa. A 2010 ya fitar da wani kaset da sunan Chuck Person, inda ya yanko 'yan daƙiƙoƙi daga tsofaffin waƙoƙin da suka yi tashe, ya rage musu sauri, ya bar su suna maimaita kansu, wannan kaset kuwa ya zama tushen wani salo da matasa suka yi ta kwaikwayo a intanet. A 2011 ya gina kundin Replica da guntayen sautin tallace-tallacen talabijin na shekarun 1980 da 1990, har da numfashin mai magana da ɗan shirun da ke tsakanin kalma da kalma. Na tsaya a kan wannan ne domin mutumin da ya shafe shekaru yana yanka sautin da aka yi shi domin hoto, yana sauraron yadda rabin daƙiƙa take sauya ma'ana, ya riga ya koyi babban ɓangare na aikin fim tun kafin kowa ya kira shi.

Shekarar 2013 ce ta buɗe masa ƙofa biyu. Ya shiga kamfanin Warp na Birtaniya, ya fitar da R Plus Seven, sannan ya taɓa aikin fim tare da Brian Reitzell a The Bling Ring na Sofia Coppola. A 2015 ya yi wa wani fim na ƙasar Ostareliya mai suna Partisan kiɗa. Amma inda abin ya kankama shi ne haɗuwarsa da Josh Safdie da ɗan'uwansa Benny. Waɗannan daraktoci kunnensu ya riga ya saba da sintesaiza, domin a fim ɗinsu na 2014, Heaven Knows What, sun yi amfani da kiɗan Isao Tomita, ɗan Japan ɗin da ya sake buga ayyukan Debussy, mai tsara kiɗa ɗan Faransa, da na'ura a shekarun 1970. Saboda haka da suka nemi Lopatin domin Good Time na 2017, sautinsa da suka sani suka je saye. Kiɗan wannan fim ya ci kyautar da ake ba kiɗan fim a gefen bikin Cannes na Faransa a wannan shekarar, daga nan kuma sai Uncut Gems, wanda shi ma fim ɗinsu ne.

Kada kuma ka ɗauka shi ne ya share wannan hanya. Giorgio Moroder ya karɓi kyautar Oscar a 1979 saboda kiɗan Midnight Express, ƙungiyar Tangerine Dream ta Jamus ta yi wa William Friedkin kiɗan Sorcerer a 1977, Vangelis ɗan Girka ya ci Oscar a 1982 da Chariots of Fire, sannan Trent Reznor da Atticus Ross suka ci tasu a 2011 da The Social Network. Kowane ɗayansu ya zo wa fim ne da sunan da ya riga ya yi a waje, kuma wannan shi ne amsata a taƙaice: daraktan da yake son irin wannan kiɗa yana neman mutumin da idan ka ji daƙiƙa goma na aikinsa za ka san shi ne.

Mai Tace Hoto ya amsa:

Na gode wa Baba Tsohon Ma'aikacin Rediyo da wannan tarihi, babu abin da zan ƙara a kansa. Ni aikina tace hoto ne, saboda haka kashi na biyu zan taɓa, kuma zan faɗa wa Malam Mai Fiyano gaskiya cewa ana rasa 'yanci, ana rasa shi sosai, sai dai a duba ko abin da aka samu ya kai a yi haƙurin rashin.

Abu na farko da ake ƙwace maka shi ne lokaci. A kundinka, idan sauti ya yi maka daɗi kana iya barinsa ya yi minti tara yana zagayawa. A fim kuwa za a zauna da kai da darakta da edita a bi fim ɗin daga farko zuwa ƙarshe, a ce maka kiɗa zai shigo daidai lokacin da aka rufe ƙofar mota, ya fita kafin matar ta buɗe baki, tsakaninsu daƙiƙa arba'in da biyu, kuma hoton yana tafiya ne a kan firam 24, wato hotuna 24, a kowace daƙiƙa, ba ya jiran kowa. Bayan ka gama ka dace da wannan awo, sai edita ya yanke daƙiƙa uku daga tsakiya saboda wani dalili da bai shafe ka ba, dole ka koma ka warware ɗinkin. Aikin ya yi kama da na tela, wanda komai gwanintarsa, awon jikin mai riga zai bi. Abu na biyu shi ne kiɗan wucin gadi. Mu masu tacewa mukan ɗora wani kiɗa da muka aro a ƙarƙashin hoto domin mu ji saurin fitowar, darakta ya yi watanni yana jin sa har ya shiga ransa, sai mai kiɗa ya zo ya tarar ana auna sabon aikinsa da na wani. Abu na uku, ba ka miƙa kiɗanka a dunƙule. Za ka ba da shi kashi-kashi, ganguna daban, ƙaramar murya daban, babbar murya daban, domin mai haɗa sauti ya iya dushe abin da ya ga ya yi karo da magana, wani lokacin kuma abin da ka fi so shi ne zai fara tafiya.

Inda Lopatin ya yi sa'a shi ne ya sami daraktocin da suke zama tare da shi a sutudiyo ana gina kiɗan a gaban hoto, kuma suna so a ji shi da ƙarfi. Ka duba farkon Uncut Gems. An fara da mahaƙar duwatsu a ƙasar Habasha, an fito da wani ma'aikaci da ƙafarsa ta karye, mutane sun taru a kansa, wasu biyu kuma suka sulale cikin rami suka ɓalle dutsen. Daga nan kyamara ta kutsa cikin dutsen kansa, launuka suna buɗewa kamar ana tafiya a sararin samaniya, sai ta ɓulla a cikin hanjin jarumin yana kwance a asibiti likita yana duba shi. Babu maganar da ta haɗa waɗannan wurare biyu, kiɗan ne ya ɗauki mai kallo daga ramin Habasha zuwa gadon asibitin New York, kuma shi ne ya sanar da shi cewa wannan dillali mai caca yana kallon dutsen nan a matsayin wani abu da ya wuce kuɗi. Wannan aiki ne na gwani.

Amma ina da ƙorafi, kuma ba zan ɓoye shi ba. A wurare da dama na wannan fim, mutum huɗu suna magana a lokaci ɗaya a cikin ƙaramin shago, ƙararrawar ƙofa tana kuka, waya tana ƙara, sannan ga sintesaiza a saman su duka. Na san da gangan aka yi domin mai kallo ya ji ƙuncin da jarumin yake ciki, amma a ra'ayina akwai inda aka wuce gona da iri, har kunne ya gaji ya daina bambance abin da ya kamata ya ji. Mai kiɗan da ya fito daga yin kundi ya saba shi ne a gaba, kuma wannan ɗabi'a ba ta sakin mutum da wuri.

Tsohon Ma'aikacin Rediyo ya sake amsawa:

Malam Mai Tace Hoto, na yarda da duk abin da ka faɗa a kan wahalar aikin, amma ban yarda cewa mutumin bai iya ja da baya ba. Ka koma ƙarshen Good Time. Bayan an kwana ana bin jarumin fim ɗin, Robert Pattinson, yana gudu a unguwannin Queens da ke New York, yana neman hanyar fito da ƙaninsa mai raunin fahimta wanda ya jefa a cikin fashin banki, kiɗan yana ta bugu babu numfashi, sai fim ɗin ya ƙare a wani aji, inda malama take ce wa ɗalibai duk wanda abu kaza ya taɓa samunsa ya tsallaka zuwa ɗaya ɓangaren ɗakin. Ƙanin yana tsaye ya ƙi motsi, daga baya ya fara takawa. A nan Lopatin ya ajiye duk wannan hayaniya, ya bar fiyano mai sanyi da muryar mawaƙi Iggy Pop, wanda a lokacin yake da shekara 70 a duniya. Wanda bai san darajar sassauci ba ba zai iya wannan ba, kuma hayaniyar da ta gabata ce ta sa wannan wuri yake taɓa zuciya. Ƙarfin kiɗa a fim, bayan haka, hukuncin darakta ne da mai haɗa sauti a ranar ƙarshe, kamar yadda kai da kanka ka bayyana.

Malama Mai Nazarin Doka ta amsa:

Assalamu alaikum. Na ga malamai sun yi bayani a kan fasaha, ni kuma ina so in ja hankalin mai tambaya zuwa takarda, domin a nan ne kalmar 'yanci take da ma'anar da za a iya aunawa.

A Amurka, kiɗan fim yawanci ana yin sa ne a ƙarƙashin yarjejeniyar aikin haya, wadda dokar haƙƙin mallaka ta 1976 ta amince da ita ga fina-finai. Ma'anarta ita ce kamfanin da ya biya kuɗin shi ne mai kiɗan a idon doka tun daga ranar da aka ƙirƙire shi, wanda ya tsara shi kuma ba ya da ikon ɗaukarsa ya sayar wa wani. Abin da ya rage masa shi ne ladan aikinsa da kuma kason marubuci daga kuɗin da ake karɓa duk lokacin da aka nuna fim ɗin a talabijin ko a manhajojin kallo, wanda ƙungiyoyi irin su ASCAP da BMI suke tattarawa. Wannan kaso ya dogara ne da wata takarda da ake jera kowane gutsuren kiɗan da ke cikin fim, da tsawonsa, da sunan wanda ya yi shi, saboda haka idan aka manta sunanka a cikinta, kuɗinka ya bi ruwa. Wani abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne gidajen sinima na Amurka ba sa biyan wannan kuɗi, tun bayan wani hukuncin kotu na 1948, alhali a ƙasashen Turai da dama ana biya. A ƙananan fina-finai kuma akan ba mai kiɗa kuɗi a dunƙule, shi zai biya sutudiyo da makaɗa da injiniya daga ciki, abin da ya saura shi ne ribarsa. Wannan tsari yana cikin dalilan da suka sa furodusoshi masu ƙaramin jari suke son mai na'ura, tunda mutum ɗaya a ɗaki ɗaya zai iya cika fim da sauti ba tare da an ɗauko makaɗa sittin ba.

Abin da ya burge ni a lamarin Lopatin shi ne bai rufe shagonsa na farko ba. Kiɗan Good Time da na Uncut Gems duka sun fito a matsayin kundi ta hannun Warp, kamfanin da yake fitar da sauran ayyukansa, kuma a tsakanin fina-finan da bayansu ya ci gaba da nasa: Age Of a 2018, Magic Oneohtrix Point Never a 2020, Again a 2023. Ya kuma yi aiki da mawaƙin nan The Weeknd, ya jagoranci kiɗan wasan da ya yi a hutun rabin lokaci na Super Bowl, wasan ƙarshe na gasar ƙwallon ƙafa irin ta Amurka, a 2021, sannan yana cikin manyan masu tsara kundinsa Dawn FM na 2022. Ka lura kuma cewa Good Time ya fito da sunan Oneohtrix Point Never, Uncut Gems kuwa da sunansa na yanka. Yadda na fahimci wannan shi ne mutumin ya ware aikin da yake yi wa labarin wani daga aikin da shi ne mai hukunci a kansa, kuma wanda yake da wurin komawa irin wannan ya fi ƙarfin cewa a'a idan aka kawo masa yarjejeniyar da ba ta yi masa ba.

Mai Fiyano ya rubuta:

Allah ya saka muku da alheri, Baba da Malam da Malama. Na fahimci cewa shekarun da ya yi yana fitar da kaset su ne jarin da ya shiga kasuwar fim da shi. Abin da ya rage mini shi ne in tambayi Malam Mai Tace Hoto, tunda shi ne yake karɓar aiki daga hannun irinmu: idan mutum yana nan gida, inda fiyano da kwamfuta su ne kayan aikin kowa, daga ina ya kamata ya fara?

Mai Tace Hoto ya amsa:

Malam, a wajenmu ba sai an shawo kan kowa a kan kiɗan na'ura ba, domin fina-finan Hausa da fiyanon Yamaha suka tashi tun shekarun 1990. Matsalar da nake gani ita ce ƙarfin sutudiyo yakan ƙare a kan waƙoƙi, kiɗan da ke raka labari kuma a bar wa edita ya nemo duk abin da ya samu a kwamfutarsa a daren da za a miƙa aiki. Wannan giɓi shi ne damarka.

Ka nemi wani mai ƙaramin fim, ko da na minti goma ne, ka roƙe shi ya ba ka hoton da aka gama tacewa tare da maganganun 'yan wasa. Ka fara kallonsa babu kiɗa, ka rubuta wuraren da kake jin ana buƙatarka, sannan ka soke rabinsu, domin sabon shiga yakan cika ko'ina da sauti saboda tsoron shiru. Ka kiyaye sautukan da suke zaune a tsakiya, inda muryar mutum take, musamman da yake mafi yawan masu kallonmu a waya suke kallo, kuma lasifikar waya ba ta fitar da sauti mai zurfi, saboda haka ka gwada aikinka a kan wayar kafin ka kawo. Ka miƙa shi kashi-kashi, kowane gutsure da lambarsa da daidai daƙiƙar da zai shigo. Kafin ka taɓa maɓalli ɗaya kuma, ku rubuta a takarda wane ne mai kiɗan bayan an biya ka, ko kana da izinin fitar da shi da sunanka, da kuma yadda za a rubuta sunanka a jerin ma'aikata, kamar yadda Malama ta nuna. Idan ka gama na farko ka turo mana a nan, zan saurare shi a kan hoton in gaya maka wuraren da zan dushe da a hannuna aikin yake.